Gandun Bishiyoyin Jami'ar Arizona: Lambun da Ba Shi da Ƙofa

Wanda ya je birnin Tucson na jihar Arizona a Amurka da niyyar ganin lambu mai shinge da mai karɓar kuɗin shiga, zai yi ta dube-dube bai same shi ba. Harabar Jami'ar Arizona ce gaba ɗayanta gandun, kusan eka 400, bishiyoyin suna tsakanin azuzuwa da ɗakunan kwanan ɗalibai. Shiga kyauta ce, sai dai kuɗin ajiye mota, wanda kuma ana iya kauce masa idan aka hau jirgin ƙasan cikin gari na Sun Link da ke ratsa jami'ar.

A 2002 aka ba wurin sunan gandu a hukumance, amma shukar ta girmi sunan nesa ba kusa ba. An kafa jami'ar a 1885, aka fara karatu a ginin Old Main a 1891, lokacin wurin fili ne na hamada. Malaman aikin gona na farko sun mai da harabar gonar gwaji, suna neman abin da zai yi a ƙasar da ruwan samanta bai wuce kimanin milimita 300 a shekara ba. Zaitunan da Robert Forbes, ɗaya daga cikin waɗannan malamai, ya shuka a 1895 suna nan a jere ta yammacin harabar. A tsaya a dubi gindinsu da kyau: ya murɗe, ya yi kogo-kogo, ɓawon ya yi toka-toka, amma rassan na sama kore shar. Daga baya Warren Jones, malamin tsara lambuna, ya shigo da irin itatuwa daga busassun ƙasashen duniya ya gwada su a nan.

Wannan gwajin shi ne darajar wurin, kuma a nan mai sha'awar itatuwan ƙasa mai ƙarancin ruwa zai fi ƙaruwa. Akwai kuka a jikin ginin hukumar jami'ar, amma ba irin tamu ba ce. Adansonia za ce ta Madagaska, furenta rawaya da ja, ba fari mai reto irin na kukar gida ba. Abin lura shi ne inda aka dasa ta. Tucson na da zafi, a watan Yuni ya kan haura digiri 40, amma da hunturu sanyi na sauka ƙasa da sifili, har ya kai wajen digiri 8 ƙasa da sifili a Fabrairun 2011. Itacen da jikinsa ke cike da ruwa ba ya jure haka a fili. Bango yana shan rana da yini, ya riƙa sakin ɗumi da dare, wannan ɗan bambancin kuwa shi ke raba itace mai rai da matacce. Kusa da Old Main kuma akwai dabino da ɗaliban Iraƙi suka ba jami'ar kyauta a 1955.

A tsakiyar filin jami'ar ne lambun Krutch yake, na tsirrai masu ƙaya. Ƙarami ne, minti goma sun isa a zaga shi, amma kada a wuce itacen boojum na yankin Baja California a ƙasar Meziko, mai kama da karas da aka kafa kai ƙasa. Da sanyi yake fitar da ganye, da zafi ya zubar ya yi barci, don haka yawan ban ruwa a lokacin zafi ruɓar da shi yake yi. A wani gefen harabar akwai kuma bishiyar da irinta ya zaga duniyar wata a kumbon Apollo 14 a 1971, aka dasa ta a 1976. Labarinta ya fi kamanninta jan hankali.

Matsalolin itatuwan a bayyane suke ga mai ido. Ƙasar Tucson na da wani dandamali mai tauri na farar ƙasa a ƙarƙashi, wanda idan ba a huda shi kafin dashe ba, ramin ya zama kwatarniya, ruwa ya kwanta, saiwa ta shaƙe. Yawan kanwa-kanwar ƙasar kuma yana hana wasu itatuwa jan sinadarin ƙarfe, sai ka ga ganye ya yi rawaya jijiyoyinsa kore. Ƙa'idar ban ruwa a yankin ita ce a jiƙa ƙasa zurfin wajen santimita 90 ga bishiya, a daidai inda inuwar rassa ta ƙare, ba a jikin gindi ba, sannan a bari ta sha iska kafin a ƙara. Gine-gine da tattakin dubban ƙafafu kullum suna danne ƙasa a kan saiwoyi, ɓarnar kuma ba ta nunawa sai bayan shekaru.

Inda wurin ya gaza shi ne warwatsuwa. Bishiyoyi da yawa na da allon suna, amma ba duka ba, wanda bai buɗe taswirar shafin gandun na intanet a wayarsa ba zai wuce manyan abubuwa bai sani ba. A zaɓi zagaye guda tun daga masauki, a ware awa biyu, a fara daga zaitunan, a bi ta Old Main zuwa lambun Krutch. Daga Oktoba zuwa Afrilu ya fi daɗi. Mai zuwa da bazara ya fito da sassafe da gorar ruwa da hula, mai atishawar ƙurar fure kuma ya kiyayi layin zaitun a watan Afrilu.