Sukuwar Ingila ta shekara 130 baya: abin da na gani a YouTube

Duk mai son dawaki ya kamata ya leƙa tsoffin finafinan sukuwa marasa sauti da ke YouTube, amma kada ya je da niyyar kallon tsere. Tseren shi ne abin da ba a gani sosai.

Na fara da na gasar Derby ta 1896 a filin Epsom, wanda Robert Paul, ɗaya daga cikin waɗanda suka fara harkar fim a Ingila, ya ɗauka. Bai kai minti ɗaya ba. An kafa kyamarar wuri guda kusa da ƙarshen layi, ana juya ta da hannu, ba ta bin dawakan. Kafin ka ankara sun wuce fuuu. Persimmon, dokin Yarima mai jiran gado wanda daga baya ya zama Sarki Edward na VII, shi ya yi nasara da ƙyar a kan wani doki mai suna St. Frusquin, amma da ban karanta ba, wallahi da ban gane wane ne a gaba ba. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne yadda jama'a suka kwararo cikin fili bayan dawakan sun wuce, kowa da hularsa. Washegari aka haska fim ɗin a gidan wasan Alhambra da ke Landan, 'yan kallo suka yi ta neman a maimaita. A wancan zamani wannan saurin abin mamaki ne.

Na gasar Derby ta 1913 da ke tashar British Pathé ya fi nauyi. A nan ne Emily Davison, mai fafutukar neman wa mata 'yancin zaɓe, ta shiga gaban dawakai a kwanar Tattenham ta filin Epsom, dokin Sarki George na V mai suna Anmer ya banke ta. Ta rasu bayan kwana huɗu. Ban so yara su gani ba.

Hoton yana da dishi-dishi da rawa, a waya kuwa dawakan kamar ƙudaje. A kwamfuta ya fi. A rage gudun bidiyon zuwa 0.25, sai ƙafafun dawakan su fito. Wasu masu ɗorawa sun lanƙaya kiɗan fiyano, ni kashe shi nake yi. Kyauta ne, kuma da yake gajeru ne, ba sa cin data.