Kaza da 'Ya'yanta da Omega Sentauri: me ya raba su?

Wani ɗan'uwa ya turo hoton wani dunƙulen taurari, cunkus kamar an zuba gero a faifai, yana tambaya ko wannan ce Kaza da 'Ya'yanta idan an kalle ta da madubin hangen nesa. A'a ɗan'uwa, ba ita ba ce. Abin da ke hotonka Omega Sentauri ne. Dukansu tarin taurari ne, amma jinsinsu daban, shekarunsu daban, yadda aka gano su ma daban.

Kaza dai ba wanda zai ce shi ya gano ta. Larabawa na ce mata Surayya, kuma da wannan sunan malamanmu suka san ta cikin taurari 28 da ake lissafin yanayin shekara da su. Mutanen Japan na ce mata Subaru, ita ce a tambarin motar nan. Mai lafiyar ido yakan ƙirga shida, wani bakwai. Abin da masana suka yi shi ne gano abin da ido ya kasa gani. A 1610 Galileo ya auna ta da ɗan madubinsa a Italiya, ya zana taurari 36 a wurin. A 1767 wani Bature ɗan Ingila, John Michell, ya yi tambayar da ta fi burge ni a duk tarihin nan: shin taurarin nan tare suke da gaske, ko kuwa dacewa ce kawai ta jera su a idonmu? Ya zauna ya yi lissafi, ya samu cewa yiwuwar dacewa kusan ɗaya ce cikin 500,000. Ashe 'yan gida ɗaya ne. Yanzu an san sun haura dubu, kuma daga gajimaren iskar gas da ƙura guda aka haife su, shekaru kimanin miliyan 100 da suka wuce. A lissafin taurari wannan ƙuruciya ce, shi ya sa manyan cikinsu suke da zafi sosai, haskensu na ɗaukar shuɗi-shuɗi.

Shi kuwa Omega Sentauri ya daɗe yana ruɗar mutane. Batlamus, masanin Iskandariya, ya rubuta shi a matsayin tauraro ɗaya tak wajen shekara ta 150 Miladiyya. A 1603 Johann Bayer ya ba shi harafin Girkanci "omega", irin lakabin da ake ba tauraro guda, sunan kuma ya bi shi har yau. Sai a 1677 Edmond Halley, yana tsibirin Sant Helena a kudancin Tekun Atlantika, ya lura abin ba ɗigo ba ne, wani hazo-hazo ne. A 1826 James Dunlop ya kalle shi daga Ostireliya ya bayyana shi a matsayin dunƙulen taurari. Ka ga an haura shekara 1,600 ana kiran taro da sunan mutum ɗaya.

Taron kuma ba ƙarami ba. Taurarinsa sun kai kimanin miliyan 10, shekarunsa wajen biliyan 12, wato ya fi ranarmu tsufa ninki biyu da ɗoriya. Dalilin da ya sa yake dishi-dishi a ido alhali Kaza na ƙyalli shi ne nisa. Hasken Kaza yakan yi shekara kusan 440 kafin ya iso mana, na Omega Sentauri kuwa sai ya yi wajen 17,000.

Amma a ganina babban bambancin yana ga riƙo. Taurarin Kaza a warwatse suke, ƙarfin jan da ke tsakaninsu bai taka kara ya karya ba. Yayin da suke kewaya cikin wannan babban gungun taurari namu, wanda muke gani kamar farar hanya ta ratsa sama, jan wasu gajimarai da taurari na ta fizgar su ɗaya-ɗaya. Ana ƙiyasin nan da shekaru miliyan 250 'ya'yan za su watse, kowa ya kama gabansa. Omega Sentauri nauyinsa ya isa ya riƙe nasa gam, shi ya sa ya dunƙule kamar curin fura kuma ya kai wannan tsufan. Irinsa kimanin 150 aka sani a gungunmu, shi ne babbansu. Girman nasa da bambancin shekarun taurarin cikinsa sun sa masana da yawa na ganin ragowar cibiyar wani ƙaramin gungu ne da namu ya haɗiye. Da irin waɗannan dunƙulallun ne Harlow Shapley ya nuna a 1918 cewa rana ba a tsakiyar gungun take ba, a gefe muke.

Wajen kallo mun yi sa'a, domin mutumin Landan ba ya ganin Omega Sentauri ko kaɗan, ba ya fito masa. Mu duka biyun namu ne. Kaza tana bayyana da daddare daga Nuwamba zuwa Maris, a Kano ko Zinder tana bi kusan ta tsakar ka. Zaɓi daren da hazon hunturu ya lafa kuma babu farin wata. Wajen Mayu takan ɓace cikin hasken rana. A daidai lokacin ne Omega Sentauri ke kan ganiyarsa: a watan Mayu, wajen ƙarfe 10 na dare, fuskanci kudu, nemi tauraron Simak mai haske (wanda Turawa ke kira Spica) can sama, sannan ka sauko da ido kai tsaye. Daga Kano yakan tsaya kimanin digiri 30 sama da ƙasa, wato dunƙulen hannu uku idan ka miƙe hannunka sosai.

Fita bayan gari inda ba fitilu, ka ba idonka minti ashirin ya saba da duhu, kada ka duba waya. Da madubin hannu mai ido biyu Kaza za ta cika maka fili da taurari masu yawa, kowanne tsaf. Omega Sentauri zai fito kamar ƙullin auduga mai faɗin wata, ba za ka rarrabe taurarinsa ba. Rarrabe su kamar yadda suke a hotonka sai da babban madubi mai ƙafa.