Batirin Mota Mai Araha a Legas: Abin Da Za Ka Duba Kafin Ka Zaro Kuɗinka

Ran nan da asuba ƙanena ya kira ni daga Agege, motarsa ta ƙi tashi, ga shi ya yi alkawarin kai wani baƙo filin jirgin sama na Ikeja. Ya ce, "Yaya, wata 5 ke nan da sayen batirin nan, kuma mai shagon ya rantse mini sabo ne." Na tambaye shi rasit, ya ce babu. Na tambaye shi ko an gwada batirin a gabansa ranar da ya saya, ya ce ai yana cikin kwalinsa, har da leda. Abin ya dame ni, domin motar nan da ita yake ciyar da iyalinsa, kuma kuɗin batir a yau ba abin da mai ƙaramin ƙarfi zai ware sau biyu a shekara ba ne.

Ba na cikin masu cewa duk batir mai araha banza ne. Na daɗe ina tuƙi a garin nan, na ga mai sauƙin kuɗi da ya haura shekara 2 yana aiki, na kuma ga mai babban suna da ya mutu kafin damina ta fita. Sunan da ke manne a jikin batir shi ne mafi raunin shaida, don takarda ce, kowa na iya bugawa. Abin dogaro shi ne nauyinsa, da kwanan da aka ƙera shi, da abin da mita ta nuna, da takardar da mai shago ya yarda ya sa wa hannu.

Amma kafin maganar saye, ka tabbata batirin ne ya mutu. Sau da yawa ana ɗora wa batir laifin altaneta, wato na'urar da ke yi masa caji idan inji na aiki. Je wurin rewaya, mai gyaran wutar mota, ya ɗora mita a kan batirin yayin da inji ke aiki. Idan altaneta na da lafiya, za ka ga tsakanin volt 13.8 da 14.4 ko kusa da haka. In ya yi ƙasa sosai, batirin ba ya samun caji, ko ka sa sabo fil zai bi sahun tsohon cikin 'yan kwanaki. In kuma ya haura 15, to dafa shi ake yi, ruwansa zai ƙone, cikinsa ya kumbura. Haka nan a duba ko akwai abin da ke shan wuta bayan an kashe mota, kamar rediyon da aka haɗa ba daidai ba, ko na'urar bin sawun mota, ko fitilar but da ba ta mutuwa. Wani lokacin ma kan batir ne kawai ya yi farin gari, da an goge an ɗaure sai mota ta tashi.

Idan ya tabbata batirin ne, wanda ya shiga Ladipo a Mushin, ko kasuwar kayan mota ta Trade Fair a hanyar Badagry, ko ma shagon bakin titi a Idi-Araba, abu uku zai tarar a gabansa: tokumbo, da wanda aka yi wa kwaskwarima, da sabo mai sauƙin kuɗi.

Tokumbo shi ne wanda aka ciro daga motar da ta yi aiki a Turai ko Amurka. Mutane na son sa don sau da yawa asalin ƙirar kamfani ne, ba jabu ba. Wannan gaskiya ne. Sai dai batir ba kamar ƙofar mota ko gilashi ba ne da za ka kalla ka san lafiyarsa. Tsufansa a ciki yake. Ya yi shekarunsa a can, ya kwanta a kwantena a kan teku, ya jira a tashar Apapa ko Tin Can, sannan ya zauna a shago. Duk tsawon wannan zaman cajinsa na zurarewa, kuma batirin da ya daɗe ba caji wani farin gishiri ne ke daskarewa a kan farantan dalmar da ke cikinsa, ya toshe su. In gishirin ya yi tauri, cajin duniya ba ya mayar da ƙarfin da ya tafi. Ni a ganina tokumbo na mutumin da ke neman rufin asirin 'yan watanni ne kafin kuɗi su zo, ko mai shirin sayar da motar. Shi ma kada ya karɓa sai an gwada shi da na'urar da ke ɗora masa nauyi.

Na kwaskwarima kuwa, ina roƙonka ka guje shi. Mataccen batir ne aka wanke, aka zubar da tsohon ruwa aka zuba sabo mai kaifi, aka yi masa cajin dare, aka goge jikinsa da mai har yana ƙyalli, wani lokaci a manna masa sabuwar takarda. Zai tayar da mota a gaban shago da ƙarfinsa. Bayan mako biyu ko uku sai ya koma gidan jiya, kuma ba ya zaɓar wurin mutuwa. Wanda mota ta taɓa mace masa a tsakiyar gadar Third Mainland, mai tsawon kilomita 11.8, ya san abin da nake nufi, balle in motar otomatik ce wadda turi ba ya tayar da ita. Alamunsa ba sa ɓuya ga mai lura: kawunan batirin za ka ga sawun ɗauri da kwancewa a jikinsu, ko an kankare su sun yi haske fiye da kima, gefen murfin da alamar an ɓalle an liƙe, takardar jiki sabuwa amma robar ta koɗe.

Saura sabo mai araha, wanda shi ne shawarata ga yawancin mutane, kuma a nan ne ya kamata a tsaya a natsu.

Fara da girman da motarka ke buƙata. A kasuwa da amfiya ake magana, za ka ji ana cewa 45, 62, 75 ko 100. Wannan lamba ce ta yawan wutar da batirin ke iya riƙewa. Ƙananan motoci sukan ɗauki 45 zuwa 62, matsakaita irin su Camry da Sienna galibi 62 zuwa 75, manyan jif da bas-bas da masu shan dizal su ne ke kaiwa 100. Duba abin da ke rubuce a littafin motar ko a jikin batirin da ta zo da shi. Kada neman sauƙi ya sa ka sauko ƙasa da haka, domin ƙaramin batir a babban inji kullum a wahale yake, zai mutu da wuri, ragin da ka samu ya bi ruwa. Ka kuma lura da ɓangaren da kan mai alamar tarawa yake, hagu ko dama, don wayoyin mota ba su da tsawon da za a ja su tsallake. A batiran ƙirar Japan da Koriya za ka ga lamba irin 55D23L, harafin ƙarshe L ko R shi ke nuna wannan. Mafi sauƙi ka ɗauki hoton tsohon a wayarka, ko ka tafi da shi.

Akwai wata lambar kuma da ake rubuta CCA a gabanta. Ita ce ƙarfin bugun da batir zai iya bayarwa na daƙiƙa 30 a cikin sanyin da ya kai digiri 18 ƙasa da sifili. Mu a Legas ba mu san wannan sanyi ba, don haka ba sai ka biya ƙarin kuɗi don neman mafi girma ba. Duk da haka, in batura biyu amfiyarsu ɗaya, wanda wannan lamba ta fi yawa a jikinsa ya fi alamar ƙarfi, in dai rubutun gaskiya ne.

To ta yaya za ka san rubutun gaskiya ne? Ɗaga shi. Wannan shi ne gwajin da na fi yarda da shi. Fiye da rabin nauyin batir dalma ce, kuma ita ce ke cin kuɗi wajen ƙira. Duk mai son rage farashi ta hanyar ha'inci, dalmar yake ragewa, ya sa farantai sirara ko ya rage yawansu, ya bar kwandon da girmansa. Batirin amfiya 75 na ƙwarai yakan kai kilo 17 zuwa 19, na 62 wajen kilo 14 zuwa 16, na 100 ya haura 22. In an miƙo maka mai lamba 75 ka ɗauke shi da hannu ɗaya ba ka ji a kafaɗarka ba, ajiye shi. Ka sa a fito maka da iri biyu ko uku masu lamba ɗaya, ka ɗaga su ɗaya bayan ɗaya. Hannunka zai faɗa maka abin da bakin mai shago ba zai faɗa ba. Ƴan'uwanmu masu sana'ar gwangwan sun riga kowa sanin wannan, shi ya sa da sikeli suke sayen mataccen batir, ba sa tambayar sunansa.

Sai kwanan ƙira. Batir na fara tsufa tun daga ranar da aka zuba masa ruwa a masana'anta, ko an sa shi a mota ko ba a sa ba, kuma zafin shago na ƙara masa sauri. Nemi lambar da aka buga da zafi a kan murfin roba, ba ta kan takarda ba. Kowane kamfani da salonsa. Wasu harafi suke sawa na wata, A na nufin Janairu, sai lamba ta shekara. Ka ce mai shago ya karanta maka. Wanda ya wuce wata 6 a ajiye, ka nemi wani. Sabon ƙira mai ƙaramin suna ya fi mini tsohon ajiya mai babban suna.

Daga nan a kawo mita. Batirin mota ɗakuna 6 ne a ciki, kowane na ba da kimanin volt 2.1, shi ya sa cikakke ke nuna 12.6 ko sama kaɗan. In ka ga 12.4, kusan kashi ɗaya cikin huɗu na cajinsa ya tafi, 12.2 kuwa rabi ne. Sabon batir bai kamata ya sauko ƙasa da 12.4 ba. Amma ka kula, wanda aka cire daga caja yanzu-yanzu zai nuna lamba mai kyau ko da ruɓaɓɓe ne. Don haka bayan an ɗaura shi a mota, a kunna manyan fitilu na minti ɗaya ko biyu, a kashe, sannan a sake aunawa. A kuma bar mitar a jiki lokacin da ake murza makulli: in lambar ta faɗi ƙasa da 9.6, batirin ba shi da ƙashi. Koren idon nan da ke kan murfi kada ya ruɗe ka, ɗaki ɗaya kawai yake leƙawa cikin shida.

Game da mai buɗaɗɗen murfi da rufaffe: mai murfi ya fi sauƙin kuɗi kuma yana jure zafi in ana kula da shi, don za ka iya ƙara masa ruwa. Ruwan kuma tataccen ruwan da ake sayarwa don batir, ba na famfo ko fiya wata ba, kuma ba a ƙara asid. Wanda ya san ba zai riƙa buɗe bonet yana dubawa ba, rufaffen ya fi masa. Masu sababbin motocin da ke kashe kansu a danja su sake tashi, su ba su da rabo a batir mai araha; irin wanda ake kira AGM ko EFB motarsu ke buƙata, na gama-gari ba zai jure yawan tashin ba.

Sunaye irin su Solite da Rocket da Atlas na Koriya ta Kudu, da Amaron na Indiya, da Varta da Bosch, duk sanannu ne a kasuwar nan. Sai dai duk sunan da ya karɓu shi masu jabu ke kwaikwaya. Saboda haka wurin da ka saya ya fi sunan muhimmanci. Nemi mai shago tsayayye wanda za ka dawo ka same shi, ba yaron da ya tare ka a bakin kasuwa yana "Alhaji zo, akwai mai kyau" ya shige lungu ya ɗauko ba. Ka sa a rubuta maka a rasit sunan batirin, da amfiyarsa, da lambar jikinsa, da ranar saye, da watannin garanti, wata 6 ne ko 12. Ka tambaya a fili: in ya mutu, canza shi za a yi ko caji za a yi masa a dawo maka da shi? Mai shagon da ya yi ta rantsuwa amma ya ƙi rubutawa, shi ma bai yarda da kayansa ba.

In za ka kwatanta farashi, raba kuɗin da watannin da kake sa ran zai yi. Tokumbo a rabin kuɗin sabo da zai yi wata 4 ya fi sabon da zai yi wata 18 tsada nesa ba kusa ba. Kuma kada ka bar tsohon batirinka wurin rewaya kyauta, kuɗi ne. A cire maka darajarsa daga farashin sabo. Abin da nake roƙo kawai, kada a ajiye shi a tsakar gida inda yara ke wasa, kada kuma a fasa shi. Dalma guba ce. Ba mu manta da abin da ya faru a Zamfara a 2010 ba, inda gubar dalma ta kashe ɗaruruwan yara, duk da cewa can daga haƙar zinariya ta fito.

Bayan saye, rabin rayuwar batir a hannunka take. Titunan garin nan ramuka ne, kuma girgiza na karya farantan ciki, don haka a ɗaure shi da ƙarfensa, ba da igiya ko tsumma ba. Iskar teku da laimar Legas na sa kawunansa tsatsa da wuri, a riƙa gogewa ana shafa ɗan giris. Zaman cunkoson Oshodi ko Mile 2 da na'urar sanyi da fitilu da rediyo duk a kunne ba ya ba batir cajin kirki, haka ma gajerun tafiye-tafiye na cikin unguwa. A riƙa ba motar doguwar tafiya lokaci-lokaci. Kuma in an ɗauke wuta, kada a ciro shi a haɗa fanka ko talabijin. Batirin mota an yi shi ne don bugu ɗaya mai ƙarfi, ba don a tsotse shi har ƙasa ba, in aka yi masa haka sau kaɗan ya gama.

Shi ƙanen nawa, da muka je aka auna, altanetarsa lafiya lau. Muka ɗora batirin nasa mai lamba 75 a sikelin wani mai gwangwan, bai kai kilo 13 ba. Washegari muka shiga kasuwa tare da rewayansa da mitarsa, muka ɗaga batura huɗu kafin muka zaɓi ɗaya, ƙirar wata 2 da suka wuce. Rasit ɗin yana cikin aljihun gaban motar, a naɗe cikin leda saboda ruwan sama.