Fatar sifirin rol ta leda: na gwada ta da kaza da jatan lande

Shekara uku ina yin fatar sifirin rol da hannuna. Duk wadda ta taɓa yi ta san wahalar: ki kwaɓa fulawa ruwa-ruwa kamar koko, ki ɗora kasko a wuta kaɗan, ki yi ta shafawa da buroshi kina ɗagawa ɗaya bayan ɗaya. Kafin ki haɗa hamsin bayanki ya ƙage, yatsunki sun sha ƙuna, kuma cikin hamsin ɗin goma sun yi kaurin wainar fulawa, biyar sun huje. Shi ya sa da yayata ta dawo daga Abuja ta zaro leda biyu daga cikin kula ta ce, "Ungo, ki huta da buroshin nan," ko musu ban yi ba.

Sunanta Spring Home, akwai haruffan TYJ a jikin ledar, kamfanin Tee Yih Jia na ƙasar Singafo ke yin ta. Tawa mai falle 40 ce, giram 550, kowane falle murabba'i ne mai faɗin santimita 21 da rabi. Kafin komai tambarin halal na fara nema, yana nan. Fulawar alkama, ruwa, man kwakwa da gishiri su ne kan gaba a kayan haɗinta.

Da na ga siririn fatar, har hasken taga ke ratsa ta, sai na ce ba zan ɓata ta da haɗinmu na kullum ba, kabeji da karas da kori da dunƙulen magi. Bari in bi sawun masu abin. A ƙasar Sin ana kiransa chunjuan, wato naɗin bazara, amma bazararsu ba irin tamu ta gumi ba ce, lokacin da sanyi ke janyewa ne tsirrai su fara toho. Suna cinsa a bikin sabuwar shekararsu, wanda ke faɗowa tsakanin 21 ga Janairu da 20 ga Fabrairu, kuma in ya soyu ya yi ja-ja suna kwatanta shi da sandar zinare, fatan arziki ke nan. Sanannen haɗinsu niƙaƙƙen naman alade ne da jatan lande, da kabeji, da naman kaza (na tsiro nake nufi, ba mai fiffike ba), da soya sos, da ɗan giyar shinkafa. Alade da giya ba sa shiga ƙofar gidanmu, to sai dabara.

Aikin aladen a wannan haɗi maiƙo ne, shi ke hana ciki bushewa. Don haka ban ɗauki ƙirjin kaza ba, cinya na ɗauka, rabin kilo, na cire ƙashi na daddatsa da wuƙa har da ɗan fatarta. A madadin giyar na matse ruwan ɗanyar citta. Man riɗi kuwa, nasu na soyayyen riɗi ne mai ƙamshi, mu kuma a Bauchi riɗi ba baƙo ba ne, sai na soya cokali biyu a busasshen kasko na daka na zuba. Kabeji da karas da albasa mai lawashi a kasuwar Muda Lawal na saye su da sassafe.

Jatan landen ne ya ba ni aiki. Wanda na fara saya a wani shagon kifin ƙanƙara, ina buɗe leda wari ya mare ni, da gani ya narke ya sake daskarewa ba sau ɗaya ba. Na mayar. Sai a shago na biyu na samu mai kyau, kwatan kilo. A ɓare shi, a tsaga bayansa a zare baƙin zaren nan, a yanka manya-manya don a ji shi a haƙori. Wadda ba ta samu ba tana iya zuba cokali ɗaya na dakakken kirefish, sai dai ɗanɗanon zai karkata wajen miyar agushi.

Ranar farko na yi ɓarna, kuma laifina ne, ba na fatar ba. Na yi gaggawa na naɗe da haɗin yana ɗumi, ruwan kabeji na kwance a ƙasan tukunya. Fatar ta jiƙe, ina sakawa a mai uku suka fashe, mai ya yi ta tsalle har ya same ni a wuyan hannu. Washegari na barbaɗa wa yankakken kabejin gishiri, na bar shi minti 15, na matse shi a tsumma mai tsabta kamar ina matsar awara. Na soya kazar da tafarnuwa, jatan lande ya shiga a ƙarshe don minti ɗaya ya ishe shi, soya sos cokali biyu, farin masoro, sai ƙaramin cokali na garin konfulawa ya kama sauran ruwan. Na baza a faranti ya huce sarai.

Ita fatar tana da nata hali. Ki bar ta cikin ledarta ta saki da kanta kamar minti 40, kada ki kai ta kusa da wuta. In ta saki tana ɓantaruwa lafiya, cikin falle 40 biyu kaɗai suka yage mini. Amma mu da muke cikin hunturu, iskar nan da ke tsaga leɓe ba ta ƙyale ta ba. Na bar falle huɗu a buɗe na je ɗaga waya, na dawo na tarar gefunansu sun bushe suna karyewa. Dole ɗan tawul mai danshi ya zauna a kai har ki gama. Naɗin kuma: kusurwa ɗaya ta fuskance ki, cokali ɗaya da rabi na haɗi, ki naɗe tamau zuwa tsakiya, ki kalmaso gefe da gefe, ki ƙarasa ki liƙe da kwaɓin fulawa. In kika bar iska a ciki mai zai cika gurbin.

Da man gyaɗa na soya, zafinsa wajen digiri 175. Marar ma'auni ta jefa guntun fatar, in ya taso nan take da ƙananan kumfa to ya yi. Biyar-biyar, minti uku zuwa huɗu, sannan a jingina su a tsaye cikin kwando su tsane.

A nan ta biya kuɗinta. Ta fito sumul, babu ƙuraje, in kika gatsa sai kin ji ƙarar a kunnenki, ɓarɓashi na zubo miki a zani. Tawa ta hannu bayan awa ɗaya takan yi laushi, sai an ja da haƙori. Wannan na soya bayan la'asar, bayan isha'i tana nan ƙaras-ƙaras. Surukata Hajiya ta ɓara ɗaya ta leƙa ciki, ta ce, "Wannan jan abin fa?" Na ce, "Hajiya, jatan lande ne, farar ruwa ce." Ta ce ita farar tudu ta sani, da yaji. Ta ci huɗu.

Daga baya na ga irinta a wani kanti a nan cikin gari na sayi ɗaya, sai na tarar duk ta manne ta zama dunƙule, don firizarsu na bin halin wutarmu. Yanzu kafin in biya sai na ɗaga ledar na duba: in akwai ƙanƙara tsatsa-tsatsa a ciki, ko gefuna sun yi fari sun tsattsage, ajiyewa nake yi. Ga kuma tsada. Na lissafa, in odar suna ce ko ta biki ta guda 300, kuɗin fatar kaɗai zai cinye ribar, don haka buroshina yana nan ban jefar ba.

Leda ta biyun da Yaya ta kawo kuwa na ɓoye ta a ƙasan firiza, ƙarƙashin naman miya inda yara ba sa kai hannu. Ta azumi ce. Zan naɗe 40 ɗin rana ɗaya, in jera a faranti su daskare, kullum in ɗebi shida in jefa a mai ba tare da sun narke ba, ana saura minti goma a kira magariba.