Dutsen da ya mutu ko dutsen da yake barci?

Mai ƙaga duniyar almara, in yana son dutsen farko wanda ya riga rana da teku, hanya biyu ce a gabansa.

Ta farko gawa ce. Wani ƙato ya mutu, jikinsa ya zama duniya. Haka mutanen arewacin Turai na da suka ba da labarin Imir: namansa ya zama ƙasa, jininsa teku, ƙasusuwansa duwatsu. Sinawa ma suna da Pangu, wanda sassan jikinsa suka koma manyan duwatsu. Akwai kwarjini a nan, sai dai ƙaton ya gama nasa tun ba a haifi jaruminka ba.

Ta biyu ta fi kwanta mini a rai: dutsen yana numfashi, barci kawai yake yi. A labaran addinin Hindu, Himawan shi ne tsaunin Himalaya da kansa, har 'ya gare shi, Farbati. Kai irin wannan dutse cikin duniyarka ka ga aiki. Girgizar ƙasa ta zama juyin mai barci. Mahaƙi ya kafa diga, sai ya ji bangon ramin da ɗumi a tafin hannunsa, ruwan da ke tsattsafowa kuma ja. Ya ci gaba, ko ya koma gida hannu rabbana? Masu bauta ma za su rabu: wasu na rera waƙa kada ya farka, wasu sun ƙagu ya tashi.

Wahalarta dai, dole marubuci ya san abin da zai tashe shi tun daga babin farko, da inda mazauna gindinsa za su gudu.