Mai zanen da ya zana mana Muzurun Jiya

Tunda na ɗora hoton allon zanen da aka yi wa 'yata a sitatus ake ta damuna wa ya zana, nawa ya karɓa, to bari in yi bayani sau ɗaya in huta.

Autata ce, shekararta 8, ta ƙirƙiro wata dabba wai shi Muzurun Jiya. Muzurun daji ne ba na gida ba, ƙafafu zaƙo-zaƙo, kunnuwa fato-fato da baƙin gashi a tsininsu, jiki ɗigo-ɗigo kamar damisa, kuma wai kowane ɗigo shekara ce guda da ya taɓa zuwa. In ya kaɗa jela hagu ya koma zamanin da, in ya kaɗa dama sai gobe. Baya cin ɓera, ɗumame yake ci tunda abincin jiya ne. Wata biyu yarinyar nan tana cika mana kunne, ƙarshe Abbansu yace a nemo mai zane kowa ya samu lafiya.

Wani bawan Allah muka samu a Tudun Wadar Kaduna wajajen Kasuwar Barci, irin masu rubuta allon shago da zanen bayan mota ɗin nan. A falankin katako muka ce ya yi, dan gidan haya muke kuma dama kakarsu tace ita ba a jikin bangon ɗakin da ake sallah ba. Ya faɗi dubu 60, da kyar da taya muka tsaya a 45 har kuɗin fenti, na bada 30 kafin alƙalami.

Abinda ya fara burgeni, bai raina yarinyar ba. Gefen benci ya bata yace to Hajiya ƙarama, muzurun naki in zai tashi tafiya kuka yake ko shiru? Ita kuma Kawu kaza Kawu kaza, sun fi awa ɗaya ina tsaye rana na dukana. Kuma wallahi muzurun ya fito! Gashin nan kamar ka shafa. Amma idanun su suka kasheni, yayi su masu kusurwa uku da rami a tsakiya, ina gani nace Malam wannan ai idon gumakan Nok ne, yayi dariya yace a gidan tarihi na titin Ali Akilu ya gansu, tunda muzuru ya je shekara sama da dubu biyu baya ai dole ya kwaso ido a can. Ni ban ce yayi haka ba, dabararsa ce, kuma ko dan ita kaɗai kuɗina bai ciwo ba.

Inda muka samu matsala wajen tarihin ne. Gida huɗu nace ya raba allon. Na farko zamanin Nok, mutanen da ɗin nan masu gumakan yumɓu da aka tono a kudancin Kaduna, yayi kyau. Na biyu Kaduna a 1917 lokacin da Turawa suka dawo da hedikwatar Arewa daga Zungeru, jirgin ƙasa mai gawayi, kogi da kadoji a bakinsa, duk ya saka, sai kawai ga Fijo 504 an faka a gindin bishiya. Haba Malam! Kamfanin Fijo na Kakuri ma sai 1975 ya fara aiki. Na uku shi yafi min muhimmanci, masaƙar KTL (Kaduna Textiles) ta Kakuri da aka buɗe 1957, can mahaifinmu Allah ya jiƙansa yayi aiki, so nake yara suga ma'aikata sun fito tashin aiki, kekuna ko ina, Kakuri ta cika maƙil yadda yake bamu labari, ba kangon da suke gani yanzu ba. Kekunan sun fito, kayan ma'aikatan ma ba laifi, sai gashi ya cusa Keke Napep har guda biyu a bakin get. Da nayi magana ko a jikinsa, wai Hajiya ai muzurun ne ya taho dasu daga gaba. Yarinya ta hau tsalle wai eh haka ne Umma, shikenan sun haɗe min kai. Napep ɗin dai na sa ya goge, Fijon na nan har yau dan kuka ta saka.

Alƙawari kuwa sai haƙuri. Kwana 5 yace, sai da muka yi 16, yau damina ce fenti bai bushe ba, gobe ya tafi ɗaurin aure Zariya, waya in ka kira sau uku ya ɗauka ɗaya. Fentin mai yayi amfani dashi, sai da allon ya kwana huɗu a baranda kafin warin ya lafa, masu yaro mai asma ku faɗa masa tun farko. In zaku bashi aiki ku kai masa hotunan zamanin da kuke so a hannu, kar ku dogara da abinda ke kansa, kuma kar ku biya duka a tashin farko.

Gida na huɗu na gobe ne, na ɗauka zai cika shi da dogayen benaye irin na Dubai. Baƙin fentin allon makaranta kawai ya shafa, sai jelar muzurun ta leƙo ta gefe, ya haɗo mata da kwalin alli. Jiya na shiga na tarar ta zana gadar Kawo da jirgin sama a fake a kai, yau da safe ta goge wai ba nan ya je ba.

Akwai sauran kuɗinsa a hannuna, sai ya zo ya gyara kusurwar da ta fara ɓarewa.