Sharhi kan Duniya Na Mane, fim ɗin auren dole na 1937

Kamfanin Prabhat da ke birnin Pune a Indiya ne ya fitar da wannan fim a 1937, V. Shantaram kuma ya ba da umarni. An shirya shi da harsuna biyu, na Hindi mai suna Duniya Na Mane da na Marathi mai suna Kunku, kuma manyan jaruman biyu su ne dai a kowanne. Ni na Hindin na kalla a intanet, domin shi ne kunnen Bahaushe ya fi sabawa da shi. Hoton baƙi da fari ne, sautin yana shashsheƙa a wurare da dama, tsawonsa kuma ya haura awa biyu, saboda haka sai mai haƙuri.

An samo labarin ne daga littafin marubucin Marathi Narayan Hari Apte. Nirmala marainiya ce da kawunta ya aurar ga Kakasaheb, wani lauya tsoho da matarsa ta rasu, wanda 'ya'yansa ma sun kai sa'anninta. Ta tare a gidansa, ba ta gudu ba, ba ta kwanta tana kuka ba, amma ta ƙi yarda ya kusance ta, tana mai cewa wannan aure zalunci ne. Shanta Apte ta taka rawar Nirmala da zafin rai da tsayuwar ido, har ta ɗauki sanda ta zane ɗan mijin nata lokacin da ya nemi ya yi mata rashin kunya.

Duk da haka, wanda ya fi riƙe ni shi ne tsohon. Da Shantaram ya so sauƙi, da ya mayar da shi mugu kawai, mu tsine masa mu tashi. Keshavrao Date, wanda ya fito a matsayin Kakasaheb, ya nuna mana mutum mai ilimi da mutunci a gari, wanda tsoron tsufa ya sa shi yin abin kunya, yana rina furfurarsa a gaban madubi yana ƙoƙarin yaudarar kansa. Akwai wani tsohon agogon bango a gidan da ake yawan komawa kansa, kuma ba a daɗe ba mai kallo zai gane cewa shi da maigidan abu ɗaya ne. Haushinsa na fara ji, daga baya tausayi ya shigo, ba tare da na daina ganin laifinsa ba.

Wanda ya saba da finafinan Indiya na baya-bayan nan zai yi mamakin rashin kiɗan da ake sakawa a bayan magana domin a matso hawayen mai kallo. Keshavrao Bhole, wanda ya tsara sautin, ya dogara ne da ƙarar da ke cikin gida da titi, har waƙoƙin ma sau da yawa garmaho ko bugun kayan gida ne ke raka su. Akwai kuma waƙa guda da Shanta Apte ta rera da Turanci, daga baitocin mawaƙin Amurka Longfellow.

Inda fim ɗin ya gaza a ganina wuri biyu ne. Jawaban Sushila, 'yar Kakasaheb, mai fafutikar gyaran al'umma, sun fi kama da lacca fiye da hirar cikin gida. Sai kuma ƙarshen, inda Kakasaheb ya kashe kansa domin ya 'yantar da Nirmala, ya bar mata wasiyyar ta sake aure. Na fahimci cewa a al'adar Hindu ta wancan zamani saki ba hanya ce buɗaɗɗiya ba, amma hakan ya sa kawun da ya ƙulla auren, da mutanen gari da suka zuba ido, suka tsira ba tare da an tuhume su yadda ya kamata ba.

Masu rubuta labaran auren dole a Kannywood su ne na fi so su nemi wannan fim, musamman domin su ga yadda aka gina halin mijin. In za a nema, a zaɓi kwafin da ke da fassara a ƙasa, domin nauyin labarin yana cikin maganganun ne.